Baba Ya Samu Aikin Gwamnati

Jiya na hau tudun birnin sama karo na bakwai, ina biye da Inna, da kaza a hammata, domin mu gaida Mai Girma Uban Kundi, mai riƙe da kundin filaye na gwamnati. Kazar ta riga mu shiga. Mu aka ce mu jira a rana, ranka ya daɗe yana cin abinci, kuma duk wanda ya ga tumbinsa ya san ba aikin wasa ba ne.

Ga wanda bai san zancen ba, muna da 'yar gona a Itapagipe, bakin ruwa, a wannan ƙasa ta ƙetaren teku da aka kawo iyayenmu bauta. Mahaifina Malam Zubairu ya saye ta bayan ya fanshi kansa da kuɗin dako. Rogo a gefe guda, kuɓewa a ɗaya gefen, a tsakiya kuma kabarinsa, yana fuskantar alƙibla. Bana sai maƙwabcinmu, wani Bature, ya wayi gari ya tuna ashe wurin na kakansa ne, zai baje shi ya kafa rumfar shanya kifi. Inna ta ce ya kwashe rogon da kuɓewar duka, amma Malam ba zai kwanta a ƙarƙashin kifi ba.

Takarda kam Baba ya karɓa, har da hatimi. Sai dai ya yi mata abin da kowane Bahaushe mai hankali ke yi wa rubutu mai daraja: ya kai wa baduku ya ɗinke ta cikin fata. Shekara tara Inna na rataye da ita a wuya, da ita take girki, da ita ruwan sama ke dukanta. Iya Altine mai ƙosai ta ja mana kunne kada mu shiga ofis da ita haka, domin tun da aka kama mutanenmu da laifin tawaye shekarun baya, Bature na ganin laya sai ya kira soja. Muka farke ta a gida. Abin da ya fito kamar daddawa, ko harafi ɗaya babu. Iya Altine ta ce tunda tawadar ta shige jikin Inna, ai Inna ce takardar, a kai ta a buga mata hatimi.

Uban Kundi ya ɗaga abin da yatsa biyu, ya ce wannan ba takarda ba ce. Ni ce tafinta, tunda a nan aka haife ni. Duk hanya ina bitar jawabi, amma da na tsaya gabansa sai na koma kallon takalminsa. Da ƙyar na roƙi a duba kwafin gwamnati. Aka sauko da kundin, aka buɗe, ashe gara ta cinye shekarar gaba ɗaya. Ranka ya daɗe ya ce wannan ya nuna ba a yi cinikin ba. Madalla da wannan ilimi. Gumin Inna ɓarna ne, garar ofis kuwa shaida ce.

Sai wakilin Baturen ya zaro tasu takardar, ta zamanin kaka, fara fat, tawada na sheƙi. Ya karanta iyakoki: arewa teku, yamma bishiyar kwakwa, kudu kabarin baƙin mutum. Na fassara wa Inna. Sai ta zungure ni.

"Hauwa, tambaye shi, kakan nasu boka ne? Ya san inda Malam zai kwanta tun ba a haifi Malam ba?"

Na tambaya, idona a ƙasa, muryata kamar ta sauro. Amma an ji. Uban Kundi ya daɗe yana kallon hatimin da ke kan takardar, wanda ya yi kama da na kan teburinsa kamar tagwaye. In ya ce ta jabu ce, za a tambayi wanda ya buga. Don haka ya yanke cewa takardar gaskiya ce, kowace kalma. Filin Bature ya tsaya daidai kabari, kuma kabarin alamar iyaka ce ta hukuma, duk wanda ya taɓa shi zai gamu da doka.

Rogo ya tafi ke nan. Kuɓewa ta tsira, Baba ma haka.

Da yamma Inna ta tsuguna a bakin kabarinsa ta yi addu'a, sannan ta shaida masa cewa an ɗauke shi aiki, gadi ne, babu hutu. Shekara ashirin yana ɗaukar kayan garin nan a ka, amma yau babu takardar da ta nuna shi a matsayin mai ko taku ɗaya na ƙasa. Yanzu yana cikin kundi, ko da yake ba suna.

Kazar dai ba ta dawo ba. Gobe kuma zan sake hawa tudun da ɗan ƙullin toka, in roƙi ranka ya daɗe ya bari in barbaɗa a ƙarƙashin kundin bana, kafin abokiyar aikinsa gara ta kai shafin Baba.