Ranar da na kai kyanwa asibiti da ƙamshin amarya

Ba zan taɓa mantawa ba da safiyar da na shiga garin Rufa'a da kwando a kai, ƙamshi na bina kamar ayarin kai amarya.

Cikin kwandon Sukkara ce, farar kyanwar marigayiya Hajja, matata. Tun da Hajja ta rasu, ita ka kwana a ƙafar angaribina, gadona na igiya, ita ka raka ni bakin tur'a, magudanar ban-ruwa, da la'asar, mu zauna muna kallon ruwa yana wucewa gonakin auduga. Sai wani gyambo ya fito mata a wuya, ya yi ɓawo, ya ƙi warkewa. Na dube shi, na ji kamar za a sake yi mini rasuwa.

Diktorar dabbobi, yarinya ce sa'ar jikata, ta duba ta ce sai an yanki ɗan guntun fata, kamar ƙwayar adas, ɗan mitsitsin wake, a aika birnin Madani a duba da madubin likita. Za a yi mata allura ta yi gyangyaɗi, a ɗinke wurin, sannan a jira sakamako.

"Amma ya Haj, kada ka wanke wurin. Ka kawo ta yadda take."

Na ce to. Ni kuwa (mai karatun aji uku, kada ku raina) na san wanga zance. Haka mai gida ka ce wa baƙo kada ya wahalar da kansa da tsaraba. Kara ce kawai! Wa ka kai iyalinsa gaban diktor da dauɗa?

Ranar da za a yi aikin, da hantsi na ɗumama ruwa. Na sa soso da sabulu na murje ɓawon nan tas, tana yagar hannuna ina ba ta haƙuri. Na shafe ta da man riɗi. Sai na tuna ragowar humrar Hajja a ƙasan akwati. Da na buɗe kwalbar, ɗakin ya cika da ita, har na ji kamar motsin munduwarta a bayan labule. Na daɗe a tsaye. Sannan na ɗiga wa Sukkara, na ƙara.

A asibitin, makiyaya ne cike da awakinsu. Ina buɗe kwando, wani dattijo ya shaƙi iska ya ce, "Mabruk, barka ya Haj! Ina angon?"

Diktora ta kai hannu, Sukkara ta sulluɓe kamar tarwaɗa. Da ƙyar aka kama ta da buhu. Diktora ta duba wuyan, ta dube ni.

"Baba, ina ɓawon?"

"Na gama da shi, ɗiyata," na ce, har da gyara rawani.

"La haula! Shi muke nema. Ciwon a cikinsa yake barin sawu. Ka share sawun ɓarawo, ka kira mai bin sawu."

Makiyaya suka fashe. Har akuya, wallahi, na ga ta kau da kai.

Haka muka koma gida mu jira sabon ɓawo, gyambon na ƙara faɗi saboda gwanintata. Da muka dawo asibitin, aikin bai kai shan kofin shayi ba: allura, ɗan yanka, ɗinki, guntun fata cikin kwalba. Aka sa mata wata roba a wuya mai kamar mazurari don kada ta sosa, ta yi kwanaki tana hararata ta cikinta. Jiran sakamakon ne ya fi tsawo; kullum ina bakin tur'a ina tasbihi, ina ɓata lissafi.

Sakamako ya zo: ba mugun ciwo ba ne. Magani ya kama, gashi ya tsiro.

Abin da na koya a tsufana: gidan suruki ake zuwa da kwalliya. Gaban diktor kuwa, tafi da dauɗarka, ita ya gayyata.