Ranar Da Ofishin Fansho Ya Dawo Da Ni Duniya

Jiya da safe na sa rigata ta fita kunya, na riƙo hannun uwar 'ya'yana, muka tafi ofishin fansho a gaya mana ko ina raye. Kada ku yi dariya, jama'a. Wata bakwai ke nan da aka tsayar mini da fansho saboda na'urar tantancewa ta ƙi babban yatsana. Shekara talatin da biyar na yi ina rarraba wasiƙu a gidan waya, in lashi yatsa in ja ambulan, har zanen yatsan ya shafe sumul kamar bayan cokali. Na ɗora, na'ura ta kawo ja. Na goga a riga, na hura masa iska, ta sake kawo ja. Shi ke nan, aka jera sunana cikin mamata.

Ni mutuwar takarda ba ta dame ni ba. Abin da ke ci mini rai shi ne idon uwar 'ya'yana. Yanar ido ta rufe shi, likita ya sa ranar aiki sau biyu, sau biyu muna ɗagawa don babu kuɗi.

Na je ofishin nan sau tara, kullum in durƙusa gaban Mai Girma Sarkin Fayil, mutumin kirki, wanda bai taɓa barin aiki ya shiga tsakaninsa da shayinsa ba. Kullum amsarsa ɗaya: "Baba, ni ma ina ganinka. To amma ba ni ke gani ba, na'ura ke gani."

Shekaranjiya na kai kukana wurin maƙwabcina Akawu, tsohon akawun kotu. Ya saurare ni yana yanke farce, sannan ya ce, "Da ka je, me kake ce musu?"

Na ce, "Ina cewa a taimaka, don Allah."

Ya ajiye reza. "Ai ka ga inda ka kashe kanka! Fansho sadaka ne? Guminka ne, haƙƙinka ne a doka. Wanda ya tsayar da shi, shi zai kawo dalili, kuma a rubuce. Sau tara ka je, ina shaidar ka je?"

Mu 'yan zamanin da haka muka tashi: ka gaida babba, ka roƙa, ka dawo gida da "in sha Allahu" a aljihu. Ni da na tsufa ina sa mutane sa hannu kafin in miƙa musu wasiƙa, ban taɓa tambayar kowa ya sa mini hannu ba.

Akawu ya rubuta mini takarda kwafi biyu, ya ce su buga hatimi da kwanan wata a nawa, in sun yi shiru akwai hukumar karɓar koke, bayanta akwai kotu. A ƙasan takardar ya ƙara layi ɗaya: in ina raye a biya ni fanshona da na baya, in kuwa na mutu a biya matata haƙƙin magada gaba ɗaya, ga ta nan ta zo karɓa.

Sarkin Fayil ya karanta, ya ajiye kofi. Ban taɓa ganin ya ajiye kofin nan ba.

"Mama, kuɗin magada sai da takardar shaidar mutuwa."

Uwar 'ya'yana ta ce, "To ɗan nan, ai ku kuka kashe shi, ku za ku ba ni. Ni dai da yanar idona na gane shi, shi ne ya cinye abin karin safe ɗazu."

Ya jawo kalkuleta ya danna, ya sake dannawa, ya kalle ni, ya kalle ta. Sai ya tashi ya shiga wurin Mai Girma Na Ciki, wanda muryarsa kawai muka sani. Minti ashirin ba a cika ba ya fito da wani fom na musamman don waɗanda zanen yatsansu ya shafe. Ashe akwai shi! A durowar da yake ajiye sukari yake, wata bakwai. Na sa hannu, ya buga hatimi a kwafina, ya ce ƙarshen wata zan ji kuɗi sun shigo, har da na baya. In ban ji ba, Akawu ya riga ya fiƙe alƙalami.

Ba zan ɓoye muku ba, da muka fito sai da na share ƙwalla. Daga nan asibiti muka zarce, aka sa mana ranar aiki ta uku.

A hanya nake yabon Sarkin Fayil, na ce ashe dai yana da tausayi. Uwar 'ya'yana ta matse hannuna ta ce, "Malam, ni da ba na gani sosai na ji ƙarar kalkuleta. Lissafi suka yi, suka ga ka fi araha da ranka."