Tsohuwa Ta Rasu da Kaset a Cikinta

Da zuciyar da baƙin ciki ya cika har ya rasa mafita, ni Renata Hrycak, mai koyarwa a ƙungiyar Bakin Tafki ta rawar bale, wato rawar dandamali ta Turawa, da ke garin Thunder Bay, nake sanar da rasuwar na'urar bidiyonmu mai cin kaset, wadda kowa ya sani da Tsohuwa. Ta cika ranar Talata da hantsi a kan teburinta mai taya, kusa da madubi, bayan shekara talatin da shida tana aiki.

Marigayiya Marjatta Lehtonen, wadda ta kafa ƙungiyar nan da 'yan rawa bakwai a saman wani shagon takalma, ita ta rungumo Tsohuwa ta hau bene da ita. Tun daga ranar babu rawar da muka taka Tsohuwa ba ta sani ba. Ta san "Hatsi", wadda muka yi a gaban rumbunan tashar jiragen ruwa, iska na neman kayar da mu. Ta san "Kujeru Tara". Ta san "Wanka", wadda rabin 'yan kallo suka fice ana tsakiyarta, Marjatta kuma ta kwana uku tana murna.

Mai haƙuri ce. Sai ka mayar da ita baya sau ashirin don ganin inda gwiwar hannu ta dosa, ita dai "wuiii, ƙwas," ta sake nuna maka. Ba ta ƙarya, ba ta kara. In biyu suka yi musu kan ƙafar da ake fara ɗagawa, wurinta ake kai ƙara, kuma ta sha kunyata ni a gaban ɗalibaina.

Bara muka fara kwashe raye-rayenmu zuwa kwamfuta, muka kwashe talatin da ɗaya. Saura "Matan da Ke Jiran Jirgi", wadda Marjatta ta shirya a 1989, wadda da ita aka san mu har Toronto. Kaset ɗinta ɗaya ne tak a duniya, ya yi laushi, shekara ashirin muna tsoron taɓa shi. Ranar Talata muka yi ta maza muka saka. Ta nuna mata biyar tsaye sun juya baya. Sai ta ce "ƙurr, ƙurr, tak." Allon ya yi shuɗi.

Muka kira Mista Pellizzari, mai gyara na ƙarshe da ya rage a garin. Ya buɗe ta, ya haska tocila, ya daɗe bai ɗago ba.

"Baiwar Allah, ta naɗe zaren kaset ɗin a hanjinta," ya ce mini. "In na ja ya tsinke, in na bari ya ruɓe a ciki. Ki zaɓi wanda za ki iya ɗauka, ni dai ba da hannuna ba."

Ta rasu ta bar 'yan rawa goma sha huɗu, babu ko ɗayansu da aka haifa lokacin da aka yi wannan rawa. Ta bar shugabanmu Desmond Achterberg, wanda ya riga ya manna hoton rawar a duk faɗin gari cewa za mu taka ta a bikin cikarmu shekara arba'in a Nuwamba. Ta kuma bar ni.

Ƙarshen Yuni na yi niyyar ajiye aiki. Mijina Ilmar ya shekara uku a birnin Victoria yana jirana, likitan can ya sa ranar da zai gyara mini ƙugu, akwatunana a ɗaure suke. Desmond ya tsaya a bakin ƙofa ya cika ta.

"Ba zan ce ki zauna ba, Renata. Tambaya ce kawai: ban da ke, wa ya rage?"

Mu biyar muka fara taka rawar. Biyu sun rasu, ɗaya ba ta gane 'ya'yanta, ɗaya ta yi fushi da mu tun 1993 ba ta ɗaga waya. Na kira Ilmar na ce sai Nuwamba.

"Wace Nuwambar?" ya ce.

Ga kuma abin da ban iya gaya wa Desmond ido da ido ba, ya karanta a nan tare da kowa. Minti bakwai na ƙarshen rawar ban san kamanninsu ba. A cikinsu kwance nake rub da ciki, kunnena a kan katako, sauran huɗun suna wucewa ta bayana. Tsohuwa ce ke riƙe mini da su.

Ba za a binne marigayiya Tsohuwa ba, saboda abin da ke cikinta. Ranar Asabar da ƙarfe goma na safe za a ɗora ta a kan fiyanon da ake kaɗa mana, a lulluɓe ta da mayafin Marjatta. Akwai kofi. Ban da furanni. Duk wanda ya taɓa ganin wannan rawa, ko daga kujerar baya ne, muna roƙonsa ya zo, ya tuɓe takalmi a bakin ƙofa, ya taka abin da ya tuna, komai ƙanƙantarsa. Ni zan kwanta a ƙasa in saurara.