Ranar da Na Yi wa Surukina Wanka da Garin Katako

Ba zan taɓa mantawa ba da wata Juma'a a daminar shekarar da soja suka miƙa mulki. Lokacin ina aiki a shagon kafintoci a Agege, gefen titin jirgi, kuma ina neman auren Hajara, 'yar Alhaji Mamman mai goro.

Oganmu, wani Bayarabe da Hausa ta zauna a bakinsa fiye da nawa, ya sayo mana injin zuƙe ƙura tokunbo, wato na hannu. Wata 'yar ganga ce mai tayoyi da dogon tiyo, tana shan garin katako, tana shan ruwa. Ƙofa biyu gare ta: ka sa tiyo a ta gaba ta zuƙa, ka mayar da shi ta baya ta hura. Ni na fara gane haka, don haka na naɗa kaina injiniyan shago (ba wanda ya roƙe ni).

Da safen ranar ruwan sama ya shigo mana har ƙarƙashin benci. Na cire matatar injin kamar yadda ake yi idan za a sha ruwa, na zuƙe shi tas, na bi da jiƙaƙƙen garin katako. Ban zubar ba. Na mayar da tiyo baya da niyyar hure injin goge katako, sai aka kira salla, na ajiye na tafi.

Mun dawo ke nan sai ga Alhaji ya sauka daga okada, cikin farar shadda mai sitaci, da hula sabuwa. Wai hanya ce ta biyo da shi. Kowa a shagon ya san binciken aure ya zo, ya ga ko mai son 'yarsa yana da sana'a.

Na durƙusa na gaishe shi. Oga ya shiga yabona. "Alhaji, wannan yaron hannunsa na da kyau, ba ya wasa da aiki." Alhaji yana gyaɗa kai yana shafa kujeru, har garin katako ya ɗan taɓa masa hannun riga. Ya sa yatsa zai kaɗe.

Da na bar shi ya kaɗe, da shi ke nan.

"Baba, kada ka wahalar da kanka," na ce. "Muna da injin da ke wannan aikin."

Na jawo gangar, na saita bakin tiyo daidai ƙirjinsa, na danna makunni, har ina murmushi.

Abin da ya fito ba iska kaɗai ba ce. Feshin ruwan kwata ne haɗe da garin katako, launin kunun da ya kwana. Ya sauka a gaban rigar, ya hau gemu. Hular ta tashi ta faɗa cikin bokitin gam. Ni kuwa maimakon in kawar da tiyon, sai na riƙe shi gam ina laluben makunni da ɗayan hannun (har yau ban san dalili ba). Oga na ihu da Yarbanci, ya manta Hausarsa kaf. Ɗauke wuta da aka yi ne ya kashe injin, ba ni ba.

Alhaji ya cire tabarau ya goge da ƙasan riga, inda ya rage fari. Ya dube ni ya ce, "To, na ga sana'ar." Ya hau okada kai babu hula.

Da yamma na aika ƙanwar mahaifiyata ta ba da haƙuri. Ta dawo ta ce ta tarar matan gidan suna dariya har da riƙe ciki, Hajara ce kaɗai ta shige ɗaki. Alhaji bai hana ni auren ba. Cewa ya yi wanda ya yi masa haka a kan rawar jiki, mugunta ba ta cikin halinsa, wauta ce kawai, ita kuma ana zama da ita.

Tun daga ranar, kowane inji aka miƙo mini, a tafin hannuna nake fara gwada shi. Kuma idan babba ya sa yatsa zai kaɗe rigarsa, ina barin shi ya kaɗe.