Idirisu Jami'in Lambatu a Rumfar Manya

Allah Ya yi wa unguwar Hausawa ta New Bell da ke birnin Duwala baiwa iri-iri. Ya ba ta malamai, Ya ba ta attajiran da ke juya dilolin atamfa a kasuwar Mboppi, Ya ba ta masu tsiren da Duwala kaf ke layi a gabansu. Amma baiwar da ta fi kowace, wadda ya kamata a yi ta sadaka saboda ita, ita ce Idirisu ɗan marigayi Malam Affan. Ranka ya daɗe Idirisu! Angon Tasalla, mai takalmi mai tsini, hadarin da ke tasowa daga unguwar Akwa! Kafin shi, unguwa mutane kawai gare ta. Sai da Allah Ya kawo shi ta sami jami'i.

Kada wani ɗan baƙin ciki ya raɗa maka cewa da can masinja ne. To, masinja ne, sai me? A wani ofishi a Akwa ya daɗe yana kai takardu daga bene zuwa bene, yana sayo wa sakatariya burodi da kifin gwangwani. Ana nan sai wata damina ta yi ɓarna. Lambatun unguwa suka toshe, ruwa ya shiga ɗakunan mutane ya fito da tukwane. Hukuma ta ce a samo mutum guda a kowane yanki da zai riƙa zagayawa yana leƙa lambatu, in ya ga ya toshe ya faɗa. Ba wanda ya nema sai Idirisu. Aka ba shi wata riga mai ƙyalli marar hannu, da kati mai hotonsa na ratayawa a wuya. Shi ke nan fa, ɗan tsako samu ka ƙi dangi.

Wanda ya fara shan karatu shi ne Zaidu mai atamfa, abokinsa tun suna yara. A teburin mai shayi suka haɗu, Zaidu ya yi kuskuren cewa, "Sannu da aiki, ma'aikaci."

Idirisu ya ajiye kofi a hankali. Ya gyara katin wuyansa yadda hoton zai kalli jama'a.

"Mon cher Zaidu, gyara bakinka. Ma'aikaci daban, jami'i daban. Ma'aikaci shi ne wanda ake aika. Mai shara ma'aikaci ne, direba ma'aikaci ne. Jami'i kuwa mutum ne da hukuma ta ɗora wa muƙami ta ce masa, je ka, idonka idona ne, bakinka bakina ne. In ka gan ni tsaye a kan lambatun ƙofar gidanku, ba Idirisu ne a tsaye ba, gwamnati ce. Da Faransanci officiel ake cewa. Ku riƙa tambaya, mu jami'ai ba ma rowar ilimi."

Mai shayi ya ce Allah Ya ƙara girma. Tun daga ranar kuma unguwa ta raɗa masa Jami'in Lambatu. Shi rabin farko kawai yake ji.

Gaskiya a faɗe ta, Idirisu ya riƙe darajar muƙaminsa. Bai taɓa ɗaukar shebur ba, don jami'i nuni yake yi da yatsa. Ko ruwan Duwala ya tsuge kamar da bakin ƙwarya ba ya gudu, sai ya yi ta takawa ɗai-ɗai ya isa gida sharkaf, wai kada talakawa su ga hukuma tana tsere. In zai hau bensikin, wato ɗan acaɓan garin, sai ya sa a sauke shi a bayan layi ya ƙarasa da ƙafa yana kaɗa wasu makullai, ko wani zai zaci an kai motarsa gyara. Katin nan kuwa ko alwala zai yi sai dai ya juya shi baya. Lambatun da ya fi kowane toshewa a yankin shi ne na ƙofar gidansa, ruwansa har ya yi kore. Gwano dai ba ya jin warin jikinsa.

To amma akwai abu guda da Idirisu ke so da zuciya ɗaya, ba don burga ba. Masallacin layinsu, mahaifinsa ne ya yi ladancinsa har ya koma ga Allah. Shugaban kwamitin masallacin, Alhaji Ɓoɓɓo, wani dattijon Bafillace mai sayar da goro, ya sanar cikin azumi cewa gwiwa ta gaji, ido ya yi rauni. Ranar Sallah da yamma dattawa za su zauna a gidansa ya miƙa wa wani shugabancin. Sunaye biyu ake ambato, Idirisu da Zaidu. Kuma abin mamaki, dattawa sun fi karkata ga Idirisu. Suna ganin girman ubansa, ga shi rufin masallaci na yoyo, ana bukatar mai Faransanci a baki wanda zai shiga ofisoshi neman izinin gyara. Kujera ta riga ta zo hannu, saura ya rufe yatsu.

Matarsa Tasalla ta san haka. Da safiyar Sallah tana miƙa masa darduma ta ce, "Maigida, don Allah yau ka ajiye katin nan. Ka je ka tsaya kusa da Baffa Ɓoɓɓo a sahu, ku gaisa, ka dawo. Abin da ya rage maka ke nan."

Idirisu ya yi murmushin tausayi. "Tasalla, ke mace ce ta gari, amma ba ki san protocole ba, wato tsarin manya. Yau ne ranar da dattawa za su ga ko wane ne suke shirin zaɓa. Kifi a ruwa ake sanin girmansa."

Ya bar dardumar a hannunta. Ya zuba shadda mai maiƙo, ya ɗaure sabon takalmi mai igiya da ke matse masa yatsu, ya rataya kati a kan aikin wuyan riga.

A filin Idi kuwa, kowa ya san al'ada. A gefe guda akan kafa rumfa a jera kujeru don manyan gwamnati da ke zuwa taya Musulmi murna. Yawancinsu ba Musulmi ba ne, sai su zauna cikin mutunci su kalli sallah, a gode musu, su tafi. Musulmin cikinsu kuma, da sun gaisa da na rumfa, sai su ɗauki dardumarsu su shiga sahu. Wannan rumfa Idirisu ya dosa.

Mai kula da zaman baƙi, wani dogo mai baƙin tabarau, ya tare shi. Idirisu ya ɗaga kati, ya kwararo Faransanci, ya ambaci ambaliya, ya ambaci lafiyar al'umma, ya ambaci ofisoshin da bai taɓa wuce barandarsu ba. Dogon ya gaji. Ga kujera guda ba kowa a tsakiyar jeri na biyu, ya nuna masa ita don ya huta da surutu.

Wayyo daɗi! Kujerar roba ce, amma an sa mata farar riga. A damansa wata hamshaƙiya mai jaka, a hagunsa wani mai tumbi da kwat. Idirisu ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya. Daga nan yana hango unguwarsu kaf a zube kan tabarmi, har da Zaidu da Alhaji Ɓoɓɓo a sahun gaba. Da ya ga wani ya waiwayo sai ya karkata wajen mai tumbi kamar suna sirrin gwamnati, alhali tambayarsa yake ƙarfe nawa.

Dabararsa mai kyau ce, a ba shi wannan. Zai zauna har kowa ya gan shi ya ƙoshi, da liman ya iso sai ya sauko da ƙasaita, sahu ya buɗe masa. Wani Musulmi a jerin gaba, babban mutum na gaske da aka kawo a mota mai tuta, tuni ya tuɓe takalmi ya ce wa maƙwabtansa gafara ya shige cikin jama'a. Idirisu ya bi shi da kallon raini. Gaggawa ba ta jami'i ba ce.

Sai ga liman. Sai kuma ga mai ɗaukar hoton talabijin ya saita na'urarsa kan rumfa, yana bin fuskoki ɗaya bayan ɗaya daga can ƙarshe. Zuciya ta ce wa Idirisu, tashi. Wata zuciyar ta ce, haba, bari ta iso kanka tukuna. Ya waiwaya, ga wani a tsaye bayan rumfa ya zuba wa kujerarsa ido, da ya ɗaga zai maye. Aka ce a daidaita sahu. Na'ura tana kan hamshaƙiya mai jaka. Liman ya yi kabbara. Na'ura ta iso, Idirisu ya ɗaure fuska irin ta masu tunanin ƙasa, kuma Allah Ya sani ya yi kyau.

Da ta wuce ya duƙa kwance takalmi. Igiya ta ƙulle. Ya ja, ta ƙara cijewa. Ga hadari ya haɗo daga wajen teku, liman kuma tsoho ne mai tausayin farar shaddar mutane, sai ya ɗauko gajerun surori. Sallar Idi raka'a biyu ce, ba ta jiran kowa. Idirisu na fama da ƙafar hagu ya ji sallama ta ratsa fili.

Gumi ya karyo masa. Wata guda yana azumi, ga ranar da ake jira ta wuce shi yana duƙe kan takalmi. Ya ji kunya ta gaske, irin wadda ba ya iya fassarawa da Faransanci. Amma ya lallashi kansa cewa fili cike yake, wa zai lura?

Bayan huɗuba aka miƙa wa Alhaji Ɓoɓɓo lasifika don ya yi godiya a madadin jama'a. An ce idonsa ya yi rauni. To, ranar dai ya ga rumfa tar.

"Jama'a," in ji dattijon da Hausarsa mai gardin Fillanci, "ga baƙinmu can. Ba addininmu ɗaya ba, amma suka bar hutunsu suka zauna cikin haƙuri har muka idar da sallarmu. Wannan shi ne zaman tare. Muna roƙonsu su miƙe jama'a ta gan su, ta gode musu."

Aka maimaita da Faransanci. Rumfa ta miƙe gaba ɗaya. Idirisu ya manne da kujera. In ya tashi, ya shiga sahun baƙi a gaban duk wanda ya san ubansa. In ya zauna, shi kaɗai ne zaune alhali manyan gari na tsaye. Gaba kura, baya sayaki. Dogon nan mai tabarau ya sunkuyo ta bayansa ya umarce shi a kunne da ya miƙe, "Debout, monsieur!"

Jami'i ba ya saɓa wa na sama. Idirisu ya miƙe, takalmi ɗaya a ƙafa, ɗaya a hannu. Baƙi suka ɗaga hannu suna gaida jama'a, nasa hannun ma ya ɗaga kansa ba da izininsa ba, kuma mai takalmin ne. Fili ya ɗauki sowa. Wayoyin New Bell kuwa duk suna sama.

Kafin ya isa gida hoton ya riga shi. Tasalla ta ajiye masa abinci ta koma wajen baƙinta. Da wani mai ƙaramin ƙarfin hali ne, da ya kulle kansa a ɗaki. Amma Idirisu namiji ne. Da yamma ya sake wanka ya nufi gidan Alhaji Ɓoɓɓo.

Ya tarar da dattawa zaune kan tabarmi a baranda, Zaidu na cikinsu. Zai tsuguna ke nan Ɓoɓɓo ya ɗaga hannu.

"A'a, a'a! Ina mu ina zaunar da babban baƙo a ƙasa? A kawo wa yallaɓai kujera."

Aka kawo. Idirisu ya zauna shi kaɗai a sama, ya gyara murya.

"Baffa, iyayena, abin da ya faru da safe, akwai hikimar da ba kowa zai gane ba. Mu jami'ai, wani lokaci dole mu sadaukar da kanmu. Na zauna a wurin nan ne a madadinku. Na wakilci unguwa. Yanzu manya sun san fuskata, gobe in na shiga ofis kan maganar rufin masallaci, ƙofa da kanta za ta buɗe. Voilà."

Dattawa suka gyaɗa kai, wani ya ce madalla. Ɓoɓɓo ya ɓare goro ya miƙa masa ɓari.

"Allah Ya saka, ɗana. Mun gani da idonmu, hidimar ta yi maka yawa. Ga lambatu, ga wakilci. Shi ya sa muka ce kada mu ƙara maka nauyi. Makullan masallaci mun ba Zaidu."

Idirisu ya buɗe baki zai kawo hujja ta biyu, sai ladan ya kwaɗa kiran la'asar daga masallacin da ubansa ya yi wa hidima. Dattawa suka miƙe suna neman takalmansu. Idirisu ma ya zabura zai tashi. Alhaji Ɓoɓɓo ya dafa kafaɗarsa a hankali, cikin girmamawa, ya mayar da shi kan kujera.

"Yi zamanka, yallaɓai. Ba ma daɗewa."