Turken Kamfani a Ƙafar Akuyar Kaka

"Lafiya lau na kwana, sai dai ganin ka da ya ɓata mini safiya," in ji Kaka, ko kai ba ta ɗaga ba daga dusar da take dama wa awaki.

Jikanta ne tsaye a bakin ƙofa da hular kwano ta kamfanin wuta. Aikinsa kafa turaku masu jan fenti a duk inda babbar waya za ta bi, amma duk turken da ya kafa a filin bayan gidan nan, kafin gari ya waye ya yi ƙafa. Kaka ce ke tuge su. Ta ji an ce ba a gini a ƙarƙashin waya, ita kuwa a daidai wurin ta daɗe tana tara bulo ɗai-ɗai don ta gina wa wannan ja'irin shagon walda, sana'ar da ya koya ya rasa wurin yi. Ba ta gaya wa kowa ba, shi kuma ya ɗauka ɗakin awaki za ta yi.

"Matar nan tawa, ɓarawo ya shigo unguwa. Turakunmu yake kwashewa."

"Allah ya tona asirinsa. Amma wa zai saci kayan mijin da ko sabulu bai taɓa kawowa ba?"

"To, wannan da aka ɗaure jar akuya a jikinsa fa? Na ga fenti a kansa."

"Jan baki ne. Akuyar ce mai son kwalliya, ta fi budurwarka iyawa."

"Tsohuwa, haƙori babu, amma ƙarya cike da baki! Haske muke kawo miki, ki daina laluben carbi kina kamo wutsiyar kyanwa."

"Ni da na yi wa ubanka wanka a hasken aci-bal-bal? Kai da tsani ma yake jin kunyar ɗaukar ka, wai kai ne mai kawo haske. Wa ya ba ku izinin filina?"

Ya sosa ƙeya yana murmushi. "Ai injiniya ya ce sai an zauna da mai wuri kafin a kafa falwaya. Na ce masa kada ya wahalar da kansa, filin matata ne, na amince a madadinta."

Kaka ta tsame hannu daga dusa. Ashe duk tashin asubar nan da ciwon bayan tuge turke, tana da bakin magana ba ta sani ba! Wani daɗi ya kama ta, haushi ya biyo baya.

"Wato ana tambayar mai fili?"

"Ana tambaya mana. In hanyar za ta hana shi gini, yana da ikon cewa a duba gefen katanga. Amma a kan ɗakin awaki za ki sa a karkata wayar gari guda?"

"Awaki? Ka taɓa ganin akuya da injin walda, sakarai? Bulon can na shagon wani malalaci ne, wanda ya koyi sana'a ya koma yawo da guduma a filayen mutane."

Ya leƙa ta kan katanga, ya dubi bulon da ciyawa ta fara rufewa, wasu sun yi baƙi don daɗewa, wasu sababbi fil. Ya cire hular kwano, ya rasa inda zai ajiye ta.

"Kaka…"

"Kada ka yi mini kuka a tsakar gida, yanzu na share."

"Gobe zan zo da injiniya, ki yi masa magana da bakinki."

"Ka ce masa ya zo da kyau, in ya fi ka fasali na sake miji."

Ta shiga ɗaki ta janyo turakun daga ƙarƙashin gado, ta zube masa a gaba. "Kwashi. In ya yarda, a jera su a gindin katanga, wayar shagon ma ta fi kusa. Na ƙafar jar akuya kam ya zama nata."

Ya goge ido da bayan hannu, dariya ta ƙwace masa. "Kin ci, tsohuwa. Aikin farko a shagon nan, turken ƙarfe zan ƙera mata."

"Ka fara da ƙera mini haƙoran," in ji Kaka, ta miƙa masa kwanon dusa ya ƙarasa damawa.