Injiniyan Baki da Jan Ido

"Ni fa kwamfuta ba ta taɓa yi mini gardama ba. In na shiga ɗaki, ko a kashe take sai ta gyara zama."

Mijin yayata ke nan. In ka taɓa zama kusa da shi, ko na tsawon shan shayi ne, to ka ji wannan maganar ko ƙanwarta. Dillalin gidaje ne, amma a bakinsa babu sana'ar da ta fi ƙarfinsa. Shi ne makaniki, shi ne lauya, shi ne likitan kaji. A gidanmu Injiniyan Baki muke ce masa a bayan idonsa. Ranar da sunan ya kai kunnensa bai yi fushi ba. Sai ya ɗauki Injiniyan ya bar mana bakin, har ya sa aka buga masa a kati.

Babanmu kuwa mai gwajin ido ne. Yana da ɗan shago mai ɗaki biyu: na gaba cike da tabarau a jere cikin gilashi, na ciki kuma kujerar gwaji ce da babban allo a bango, inda ake hasko haruffa daga manya zuwa ƙanana. Ni nake yanka gilashi in ɗaura a firam. Kwamfutar da ke hasko haruffan ta hannu Baba ya saya, kuma da kayan tsohon mai ita ta zo. Cikin kayan akwai wata manhaja wai ita Jan Ido, irin wadda ake bi ta cikinta a sauke wasanni a buga. Da ka kunna kwamfutar sai ka ji ganguna, wani ƙaton ido jajawur ya buɗe a tsakiyar allo, sannan kwamfutar ta koma tafiyar hawainiya. Baba ya ce abin ya ishe shi. Mutum ya zo neman lafiyar ido, abin da zai fara tararwa jan ido.

A falon gida Baba ya yi wannan ƙorafin, kuma rashin sa'a surukinsa yana wurin. Lokacin Baba na shirin buɗe shago na biyu, yana ta tunanin wanda zai damƙa wa. Injiniya ya daɗe da ɗora ido a kan wannan kujera, don dillancin nasa ya fi yawa a baki. Nan take ya dafa ƙirji ya ce a bar masa, ba manhajar kaɗai ba, har jikokinta sai ya tone. Yaya ta harare shi, ta tuna masa da fankar ɗakinsu, wadda tun da ya gyara ta take zuƙe iska maimakon ta bayar. Ya ce wannan laifin kamfani ne.

Washegari da hantsi sai ga shi da jaka. Ya zazzage ta a kan tebur: sukundireba, filaya, tocila, har da safar hannu. Na tambaye shi ko manhajar da ƙusa aka kafe ta. Ya ce in kawo masa kujera mai hannu, in kuma rage surutu, aikin ƙwaƙwalwa za a yi.

Ya sa safa, ya kama linzamin kwamfuta, ya ja ɗan hoton Jan Ido da ke fuskar allo ya jefa a kwandon shara. Ya cire safa.

"An gama, Baba. Wani da sai ya kwana a nan."

Ya shiga yi wa Baba bayani mai tsawo a kan yadda ƙwararru ke aiki, har da zane a iska. Baba mutum ne mai haƙuri. Ya saurara har ƙarshe, sannan ya ce a kashe a sake kunnawa mu gani. Aka kashe, aka kunna. Ganguna suka tashi, idon ya buɗe, kuma wallahi sai na ga kamar ya fi jiya ja.

Injiniya bai ko girgiza ba. Ya ce ai kaza ma in an yanka ta sai ta yi tsalle, shure-shure ba ya hana mutuwa. Baba ya gyaɗa kai, ya ɗauki hularsa, ya ce zai je ya duba kafintan da ke aikin sabon shago. Ya ce da yamma zai dawo da wata tsohuwar shugabar makaranta da za a yi wa gwaji, yana fatan kafin nan kazar ta gama tsalle.

Baba na fita Injiniya ya zaro wayarsa, ya sa ta a ƙarƙashin tebur yana karantawa, yana ɗago kai lokaci-lokaci kamar mai tuno abin da ya daɗe da sani. Da haka ya gano inda ake cire manhaja na gaskiya. Ya danna. Jan Ido ta ce ba za ta fita ba sai an shiga da suna.

"Ka gani ko? Tana so ta san sunan wanda zai kashe ta."

Ya rubuta mata Gagarabadau Uban Injiniyoyi. Ta jero masa tambayoyi, duk ya danna ya yarda ba tare da ya karanta ba, don a cewarsa karatu na 'yan koyo ne. Da ta kawo wani rubutu ƙanana sai ya manna hanci a allo, baki buɗe, yana ƙanƙance ido. A daidai nan na ga 'yar fitilar kyamarar da ke saman kwamfutar ta ƙifta. Shi bai gani ba.

Daga nan ya ce kwamandan kirki ba ya kai hari sai ya san makaman abokin gaba, don haka zai ɗan buga wasa guda. Na koma wurin injina. Ina yanka gilashi ina jiyo ƙarar takubba da tsakinsa. Duk leƙowar da na yi sai in tarar da jaruminsa kwance warwas, wani tsohon dodo mai ɗingishi yana rawa a kansa. Ya ce linzamin ne ba shi da kyau. Na canza masa. Ya ce kujerar ce ta yi ƙasa. Na sa masa matashi. Ya ce inuwata ce ke kare masa haske. Haka rana ta raba, ta karkata, dodon nan bai gaji ba.

Ƙarshe dai haushi ya tuna masa da abin da ya kawo shi. Ya danna cirewa da ƙarfi kamar mai kashe kunama. Muka kashe, muka kunna. Shiru. Babu ganga, babu ido. Ka san ni ba na hana mutum haƙƙinsa: ya cire ta. Da a nan ya ɗauki jakarsa ya tafi, da yau shi ne manajan sabon shago, mu kuma da mun shiga uku.

Amma ɗan yabo kaɗan da na yi masa ya hau kansa. Ya ce an kashe maciji ba a sare kai ba. Irin waɗannan manhajoji, in ji shi, suna barin ƙwayaye a lungu-lungu na kwamfuta, in ba a bi an fasa ba sai su ƙyanƙyashe. Wannan gaskiya ne, a wayar ya karanto. Abin da bai karanta ba shi ne sauran bayanin, don wayar ta mutu a tsakiyar layi, ya kuma ce ba ya buƙatar caja.

Ya buɗe wurin bincike. Ya ce rubuta sunan gaba ɗaya aikin rago ne, ƙwararre guntu yake kamawa don kada ko ɗaya ya kuɓuta. Ya rubuta "ido". Fayiloli suka zubo kamar an fasa buhun gero, ya yi ta gangarawa ba su ƙare ba. Idonsa ya yi ƙyalli. Ya ce in zo in ga yadda muguwar ta hayayyafa. Na ce masa anya ba zai duba sunayen ɗaya bayan ɗaya ba. Ya ce ni gilashi na sani, in tsaya a gilashi.

Sai wata mata ta shigo da tabarau mai karyayyar ƙafa, na fita wurinta. Ina ɗaure mata ƙusa na jiyo shi yana faɗa da kwamfuta.

"Wai ni take tambaya ko na tabbata."

Kafin in dawo ya share su duka, ya bi su kwandon shara ya wanke shi tas, ya miƙe ƙafa a kan tebur yana neman lemo mai sanyi.

Na ce bari in buɗe haruffan gwaji in shirya, tun da Baba na hanya. Na duba inda suke zama, wayam. Na duba inda Baba ke ajiye awon idon mutane, wayam. Injiniya ya sauke ƙafarsa ɗaya. Ya tambaye ni wane suna Baba ya sa wa haruffan. Na ce gwajin ido. Ya sauke ɗaya ƙafar. Awon mutanen fa? Na ce masu ciwon ido. Akwai kuma maganin ido, hoton ido, kamfanonin gilashin ido. A shagon mai gwajin ido, ko hoton kyanwar gidanmu sunansa mai idon zinariya.

Tun da ya auri Yaya bai taɓa ce mini ƙanina ba sai ranar. Gumi ya jiƙa kwalar rigarsa, ya riƙe mini hannu yana cewa ƙanina, ƙanina, kamar ni na haifi kwamfutar. Kada hankalinka ya tashi a kan awon mutane. Daga baya an same su a filashin Yaya, ashe tana kwafewa duk lokacin da ta leƙo shagon. Amma a wannan yammacin ni da shi babu wanda ya san da haka.

Can sai ya zabura, ya ce ya tuna, akwai wata dabara ta mayar da kwamfuta baya, ta koma yadda take ɗazu, kamar a juya hannun agogo. Bakinsa ya dawo nan take. Ya ce da ma gwada ni yake yi ya ga ko ina da zuciya. Ya lalubo wurin, ya danna, allon ya yi duhu, wani ɗan zobe ya fara juyawa. Abin da bai sani ba, wannan dabara manhajoji take dawowa da su, ba ruwanta da fayilolin mutum. Ɗazun da ya zaɓa kuwa shi ne daidai lokacin da ya gama shan kashi a hannun dodo, kafin ya danna cirewa.

Zoben na cikin juyawa Baba ya shigo da baƙuwarsa, tsohuwa doguwa mai sanda, irin waɗanda in suka dube ka sai ka tuna aikin gidan da ba ka yi ba. Baba ya tambayi labarin aiki. Injiniya ya ce an gama, kwamfutar hutawa take yi bayan tiyata. Ya ce shi ma zai wuce, wani mai neman gida na jiransa. Baba ya ce ya dakata, in an sallami Malama akwai maganar sabon shago da za su yi. Injiniya ya rasa gaba ya rasa baya. Abin da ya iya kawai shi ne ya zame ya zare wayar sifika a ɓoye, ko da wani abu zai yi ganga, sannan ya rakuɓe a bakin ƙofa.

Baba ya zaunar da Malama, ya ɗora mata tabarau na gwaji, wanda ake zare gilashi a sa wani. Ya rage haske, ya ce in kunna allon bango. Shi Baba ba ya waiwayar allon nan, haruffan duk a kansa suke, fuskar mai gwaji yake kallo. Na kunna. Na ga abin da ya fito, na cije leɓe.

"Malama, me kike gani?"

"Wani abu dai kamar kabewa."

Baba ya ce a ransa idon ya yi nisa. Ya zare gilashi ya sa mai ƙarfi.

"Yanzu fa?"

"Kabewar tana da kunnuwa."

Ya sake canzawa. Malama ta karkata kai, ta ce kabewar ta buɗe baki, kuma akwai haƙori ɗaya da ke neman likita. Baba ya fara tunanin rubuta mata takardar asibiti. Ya sa gilashi na ƙarshe. Ta dubi allo, ta dubi bakin ƙofa, ta sake duban allo.

"Af, ashe wancan bawan Allah ne. Ga rubutu ma a sama. Barka da dawowa, Gagarabadau Uban Injiniyoyi."

Sai a lokacin Baba ya waiwaya. Ga fuskar surukinsa ta cika bango, hanci kamar murfin tukunya, baki hangame, jan idon nan na leƙowa ta bayan kunnensa. Baba ya daɗe yana kallo. Ya juyo ga Malama ya ce tun da aiki ya zo, ta daure ta karanta masa ɗan ƙaramin layin da ke can ƙasa.

Ta gyara murya kamar tana gaban aji, ta karanta dalla-dalla: ɗan wasa bai ci ko sau ɗaya ba, ana ba shi shawara ya koma darasin yara.

Baba ya ce idonta ya yi, wanda ya karanta wannan layin ba shi da sauran matsala. Ya ce da surukinsa, ba tare da ya ɗaga murya ba, maganar sabon shago sun gama ta, zai iya zuwa wurin mai neman gida. Injiniya ya durƙusa yana tattara sukundirebobinsa, suna zubewa yana sake kwasa.

Baba ya miƙa hannu zai cire mata tabarau, Malama ta riƙe shi, ta ƙara duban bango.

"Ɗan mayar mini da gilashin farko tukuna," in ji ta. "Ya fi kyan gani yana kabewa."